Zakin Ganye na Ƙofar Otal

Baba Gadina bai taɓa ganin zaki da idonsa ba, ko a keji, amma ya yi kiwon guda tun yana da baƙin gashi har kansa ya koma auduga. Nasa zakin na ganye ne. Yana tsaye a tsakiyar ciyawar da ke gaban wani otal, tsakanin get da inda motoci ke sauke baƙi, jela a ɗage, baki a buɗe kamar mai jiran likitan haƙori.

Tsohon mai otal ne ya jawo masa. Ya je wata ƙasa ya ga an aske shuka an mai da ita dabba, ya dawo yana ta zuba kamar shi ya ƙirƙiro. Kun san halin masu hali, su gano abu a waje, talaka ya yi gumi a gida. Ya kira gadinansa, mai kula da shukokin otal, lokacin yana saurayi da sabon aure, ya miƙa masa murfin gwangwanin biskit mai hoton zaki, ya ce, "Irin wannan nake so." Bai ce da me ba, bai ce ta yaya ba, ya shige mota abinsa.

Gadina ya sa mai walda ya lanƙwasa masa rodi ya zama ƙashin dabbar. Ya dasa shukar shinge, irin mai ƙananan ganyen nan masu sheƙi, ɗaya a gindin kowace ƙafa. Sannan ya zauna jira. Duk reshen da ya leƙo sai ya kama shi a hankali, ya ɗaure da waya, ya nuna masa hanya. 'Yarsu ta fari, wadda ita ce kuma auta, ta yi rarrafe, ta yi tafiya, har ta shiga makaranta kafin rassan ƙafafun nan su haɗu a gadon baya. Gezar wuya kuwa, wannan tulin gashin da zaki ke taƙama da shi, sai da yarinyar ta fara ɗaura ɗankwali sannan ta cika.

Allah na tuba, bai yi kama da zaki ba. Wasu su ce rago ne, wasu su ce kare ne da ya samu gidan ƙoshi. Matar Gadina, wadda duk ma'aikatan otal ke kira Iya, ta ce ita dai da surukarta ya yi mata kama, musamman ta wajen baki. Ya yi fushi ya ƙi cin abinci, ta cinye nata ta haɗa da nasa.

Duk da haka baƙi kan tsaya su ɗauki hoto. Daga bakinsu ya tsinci kalmar Turanci ɗaya tal da ya mallaka a duniya. In ya ga baƙo ya tsaya yana karkata kai, yana neman gane wace dabba ce wannan, sai ya matso da almakashi a hammata, ya nuna da haɓa, ya ce, "Layon." Da ita yake gaisuwa, da ita yake godiya, da ita yake sallama. Iya ta ce ranar da mala'iku suka tambaye shi a kabari ma ita zai ba su.

Saboda zakin aka ba su ɗaki a bayan otal, tsakanin ɗakin wanki da tankin ruwa. Ciki ɗaya ne da 'yar rumfa. Gadon ƙarfe, akwatin Iya a ƙarƙashinsa, taga guda mai kallon bututun hayaƙin kicin. Bangon da ke jikin ɗakin wanki kullum da ɗumi, nan Iya ke jingina bayanta in ya motsa mata. A ɗakin nan suka yi ƙuruciya, a nan suka binne 'ya'ya biyu da ba su zo da kwana ba, daga nan aka ɗauki Auta zuwa gidan miji. Gadina bai gina ko akurkin kaji a wani wuri ba. In an yi masa zancen fili sai ya ce bari geza ta cika tukuna. Geza ta cika, ƙarfi ya tafi.

Da tsohon mai otal ya rasu, magada suka kawo Manaja. Yaro ne ƙarami, mai ƙamshin turare, waya a kunne ko da yaushe, ga ladabi kamar a wanke a sha. Da wannan ladabin ya sallami tsohon kuku, da mai guga, da matar da ta yi shara tun ana fentin farko. Da ya zo kan Gadina sai ya tsaya, don hoton zakin na jikin allon otal da tawul da kofuna, kuma babu wanda ya san ta inda ake fara askinsa.

"Baba," in ji shi, "kai da zakin nan tafiyarku ɗaya. Muddin yana tsaye, kana nan, ɗakinka na nan."

Gadina ya yi ta godiya. Da ya gaya wa Iya, ta ce, "To, ka ji. Yanzu ba kai ke kiwonsa ba, shi ke kiwonmu."

Manaja ne kuma ya ga ya kamata a haska zakin, a kewaye shi da fitilu daga ƙasa. Masu lantarki suka zo da diga, suka fara tona rami dab da ƙafafun gaba. Gadina ya bi su yana roƙo.

"Samari, ku ɗan ja baya, akwai saiwa a nan."

Babbansu ya ce, "Baba, mu waya muka sani. Inda aka zana mana nan za mu bi."

"Saiwar ta girme ka fa."

"To ta yi haƙuri da ƙaninta."

Suka yi dariya, diga ta sauka. Saiwa ce mai kaurin damtsen mutum, fara sol a ciki, tana tsattsafo da ruwa. Da suka tafi cin abinci ya durƙusa ya shafa mata toka, ya lulluɓe da ƙasa mai laima. Washegari suka kwarara siminti a kai.

Shuka ba ta ihu, shi ya sa ake raina ta. Sai da aka yi watanni kafin ganyen ƙafar dama ta gaba ya fara rawaya. Ya zuba taki, ya ƙara ruwa, ya rage ruwa. Ya dasa sabon tsiro a gefe, zafin simintin ya dafa shi. Ranar da ya kankare ɓawon da farcensa ya ga babu kore a ƙarƙashi, sai ya zauna a ƙasa, almakashi a cinya, ya daɗe yana kallon get. Wannan ƙafar ita ke ɗauke da kafaɗa da rabin geza.

Iya ce ta kawo dabara, tana tsintar shinkafa ko ɗago kai ba ta yi ba.

"Kai dai kanka a tukunya yake. Mace in gashinta ya zube me take yi?"

"Ina zan sani?"

"Ƙari take yi. Ka taɓa jin an kai wata kotu? Ga shinge can bayan kicin, irin ganyensu ɗaya, ba mai kallonsa sai kyankyasai."

Da gari ya waye, kafin baƙi su tashi, ya yanko rassa daga shingen bayan kicin, ya zage busassun ganye, ya cusa sababbi tsakanin waya da rodi, ya bi da almakashi ya daidaita. Ya yi kyau har ya ba shi tsoro. Amma kafin azahar duk sun yi laushi sun sunkuya, kafaɗar zaki ta koma kamar jiƙaƙƙiyar kaza.

Iya ta ce, "Ƙishirwa ce. Ba su ruwa."

Abin da Iya ba ta rasa ba a duniya shi ne kwalaben magani. Na hawan jini, na tari, na ƙarin jini, na ciwon gaɓɓai, duk wanda ta shanye ba ta yar da kwalbar, wai wata rana. Ga wata ranar ta zo. Suka wanke su, ya ɗaure kowace da waya a jikin rodi can cikin duhun ganye, ya cika da ruwa, ya tsoma gindin reshe a ciki. Reshe mai kwalba yakan yi 'yan kwanaki yana sheƙi kafin a canza shi. Wata nas da ta sauka a otal ta bar babbar sirinji, da ita yake bin kwalaben kowace safiya yana ɗura musu ruwa, hannu cikin zaki har kafaɗa, kamar mai karɓar haihuwar saniya.

Da a ƙafa ɗaya abin ya tsaya, da sai mu ce an tsira. Ƙafar hagu ta gaba ta bi 'yar'uwarta, kai ya tafi gaba ɗaya. Sai ta dama ta baya. Kwalabe suka yi ta ƙaruwa har na Iya suka ƙare, ta koma bin masu shara tana roƙon na turare da na man gashi da baƙi ke bari. Aikin da yake gamawa kafin shayi ya huce ya koma cin safiya sukutum. Waya ta tsattsage masa hannu, ya yi ta ɗaure yatsu da tsumma.

Maigadin get shi kaɗai ya sani, don a gabansa ake yi. Wata rana iska ta kaɗa, zaki ya ɗauki ƙara, ƙil-ƙil-ƙil.

Maigadi ya ce, "Baba, dabbar nan taka ta fara tallan lemo ne?"

"Rufa mini asiri, ɗan nan."

"Ni ban ji komai ba. Amma ka sa tsumma tsakaninsu, kunnen Manaja ba irin nawa ba ne."

Sabon kuku kuma ya fito zubar da ruwa ya ga shingen bayan kicin ya yi sanƙo, ya yi ta tambaya ko akuya ke shigowa. Iya ta ce masa eh, babba ce, mai furfura.

Ƙaryar ba ta dame shi ba kamar yadda za ku zata. Abin da ke cin ransa almakashi ne. Reshen da ke cikin kwalba ba ya tsiro, don haka babu abin aski. Amma Manaja ya saba jin ƙarar almakashi ta tagar ofis, sai Gadina ya riƙa zagaya zakin da hantsi yana datsa iska, ƙyas, ƙyas, ƙyas, ba ganye ko ɗaya da ke faɗuwa. Sai ya zo ƙafar hagu ta baya, wadda ita kaɗai ta rage da rai, sannan hannunsa ke samun abin yi. A nan yakan daɗe, yana aske ta ganye-ganye don kada ta ƙare da wuri.

Wata safiya ya dawo ɗaukar kwalabe ya tarar da Iya a kwance a rumfa, gefen bahon da take ɗauraye su, baki ya karkace, ido a buɗe tana kallonsa da haushi, kamar shi ya ture ta. Motar kai wanki ce ta kai su asibiti. Likita ya ce shanyewar ɓarin jiki ce.

Auta ta zo da goyo. Suka raba jinya. Ita ke kwana da uwar, tunda ɗakin mata ne, amma da asuba dole ta koma gida ta shirya yara makaranta, ta sallami miji. Safiya ta faɗo kan Gadina, shi zai ba Iya abin kari a baki, shi zai riƙe ta a juya ta, shi zai bi layin magani. Safiyar nan kuwa ita ce ta zaki. Da rana ba a sa hannu cikinsa, idon duniya na kai.

Ya roƙi Maigadi. Maigadi ya sosa ƙeya.

"Baba, in Manaja ya fito ya gan ni na bar get, hannuna a cikin zaki, me zan ce masa? Ina duba masa hanta?"

Ya dai yi alkawarin fesa masa ruwa da tiyo daga waje. Gadina ya san wannan wanka ne, ba sha ba, amma ya yi godiya.

Sau ɗaya ya yi niyyar zamewa. Ya ga Iya ta lumshe ido, ya lissafa in ya samu mota da wuri zai cika ko kwalaben geza ne ya dawo. Ya miƙe a hankali, ya laluba takalmi da ƙafa. Sai ya ji an riƙe masa gefen riga. Hannunta mai lafiya ne, ido ko buɗewa ba ta yi ba. Bai san ko roƙo ba ne ko umarni, don a wajen Iya ba su taɓa bambanta ba. Ya koma ya zauna. Daga ranar bai sake lissafin mota ba.

Sai da aka ce ta fara haɗiyar abinci da kanta sannan ya leƙa otal, da yamma, riga duk warin asibiti. Tun daga titi ya ga mutane a gaban ciyawa. Ya ce shi ke nan, an taru kallon abin kunya.

Zakin ya bushe ƙurmus. Ganyen bai zube ba, rana ta gasa shi a inda yake, ya koma ruwan ƙasa mai ja-ja, gezar ta fi duhu, ta yi buzu-buzu tunda ba a daidaita ta ba. Cikin ya ɗan faɗa, haƙarƙarin rodi ya fito. Hasken yamma ya bugi gefensa. Gadina ya tsaya da baki a sake. Wata mata ta matsa da 'yarta don a ɗauke su hoto, yarinyar ta ƙwalla ƙara ta ƙanƙame uwar. Tsawon shekarun nan ba a taɓa samun wanda ya ji tsoronsa ba, ko kyanwa.

Manaja ya sa aka kira shi ofis. Har da miƙewa, har da ba shi kujera.

"Baba, sannu da jinya. Ya mai jiki?"

"Da sauƙi, ranka ya daɗe."

"Allah ya ƙara sauƙi. Baba, mun ga kwalaben."

Gadina ya sunkuyar da kai.

"A'a, wallahi ban ji haushi ba. Ni dariya ma na yi, na ce tsofaffin nan akwai kai. Kuma ka ga ikon Allah, kowa cewa yake bai taɓa yin kyau kamar yanzu ba. Hotonsa sai yawo yake a waya. Na yi magana da kafinta, ya ce in aka fesa masa banish, man nan da suke shafa wa kujeru, zai daɗe a haka. Ciyawar ma ta roba za mu shimfiɗa."

"Ranka ya daɗe, ƙafar baya tana da rai. In aka fasa simintin, aka ba ni lokaci, zan ja rassanta su rufe."

"Kamar shekara nawa, Baba?"

Gadina ya lissafa a ransa. Ya san yawan shekarun, ya kuma san ba ya da su.

"Ka ce mini muddin yana tsaye."

"Ai yana tsaye, Baba. Aski ne dai ya daina buƙata." Ya gyara wayarsa a kan tebur. "Ɗakin kuma, sabon janareta na zuwa ƙarshen wata, nan ne kaɗai wurin da ya dace. Za a yi maka sallama mai kyau. Sai abu ɗaya, ƙafar nan mai kore tana ɓata launin. Kafinta zai yanke ta daga ƙasa ta bushe kamar sauran."

"Kada ya taɓa. Ni zan yi."

"Ka huta mana, Baba."

"Ni zan yi."

Da safe ya zo da ƙaramin zarto. Ya fara kwance kwalaben ɗaya bayan ɗaya, Maigadi na karɓa yana zubawa a kwali, yau babu wasa a bakinsa. Sannan ya durƙusa a ƙafar hagu ta baya, ya share ƙasa daga gindin da tafin hannu. Ɗanyen itace ba ya son zarto, yana kama shi yana riƙewa, garin da ke fita jiƙe yake, yana manne a yatsu. Ya huta a tsakiya, ya ci gaba. Da ya gama babu abin da ya faɗi, rodi na riƙe da komai. Ganyen ƙafar na nan kore shar, yana kaɗawa, bai san abin da ya faru ba tukuna.

Kayan ɗaki ba su cika ƙaramar mota ba. Mijin Auta, mutumin kirki ne mai yawan shiru, ya kwashe buhuna daga ɗakin ajiyarsa ya ce su zauna kafin a ga yadda Allah zai yi. Gadon ƙarfen bai shiga ta ƙofar ba sai da aka kwance shi. Gidan duk siminti ne, daga ƙofa har makewayi.

Ba wanda ya gaya wa Iya. Auta ta ce Baba ya faɗa, Baba ya ce ai magana tsakanin mata ta fi sauƙi. Haka suka yi ta tura wa juna har ranar da aka sallame ta daga asibiti. Aka sa ta a bayan tasi, ita a tsakiya an tokare ta da filo, Auta a gaba da goyo a cinya. Jiki ne ya shanye, ido bai shanye ba. Da motar ta wuce kwanar otal ba ta karya ba, Iya ta juyo da kai da ƙyar, ta kafe shi da kallo.

Ya gaya mata. Bai yi kwana-kwana ba, ya faɗi na Manaja, da na janareta, da na zarto, yana kallon bayan kujerar direba.

Bakinta ya fara motsi. Tun da ciwon ya same ta, kalma ɗaya sai ta yi mata kokawa kafin ta fito. Ya kai kunnensa kusa, ya shirya. Ya san zagi ne, kuma yana so, rabonsa da shi tun ranar da ta faɗi. Ta ja numfashi, miyau ya zubo ta gefen da ya karkace, ya share mata da hannun riga.

"Da safe," in ji ta. Ta huta. "Ina... za ka?"

Ya dubi tafin hannunsa, babu sauran abin da zai tashi ya aske. Direba ya rage gudu ya tambaya dama ko hagu, Auta ta ce hagu, gida na biyu bayan mai faci.